Taswirar Garin Da Muke Zuwa Cikin Barci

 

Kusan duk wanda ya baro Arewa da wayonsa ya zo ya zauna a nan Ibadan yana da wani gari da yake zuwa idan ya kwanta. Ba kuɗin mota, ba tsayawa a Jebba ko Mokwa, rufe ido kawai sai ga shi a ƙofar zauren gidan ubansa. Sunan garin ɗaya ne da na garinsu, wannan ya ce Gumel, wancan ya ce Illela, wani ya ce Ɗambatta. Amma in ka zaunar da mutum ka tambaye shi dalla-dalla, za ka ji abin mamaki. Rijiyar da take gabas da masallaci bara, bana ta koma bayan kasuwa. Gidan da ya sani da ɗaki huɗu ya ƙaru da wani lungu da bai taɓa gani ba. Kakarsa da aka binne shekara talatin da suka wuce tana zaune tana kaɗi, ga kuma jikansa da aka haifa a Mokola yana wasa a gabanta.

To, da za a ce mu zana taswirar wannan gari, yaya za mu yi? In mun zana ta, taswirar mene ce muka riƙe a hannu? Kuma ya halatta mutum ya kama hanya da ita, ya yanke wa wani hukunci ko ya yanke wa kansa shawara? Na san wani zai ce wannan ai hirar bayan la'asar ce. A yi haƙuri a bi ni a hankali. A unguwannin Hausawa irin tamu an sha raba aure, an raba hannun jari, an ɓata sunan tsohuwa, duk a kan abin da wani ya ce ya gani a wannan garin na cikin barci. Abin da yake iya rushe gida ya cancanci a zauna a dube shi da idon basira.

Mu fara da ita taswirar. Musulmi sun daɗe da sanin wannan fanni. Malam Idrisi ya kammala babbar taswirarsa ta duniya a shekarar 1154 a tsibirin Sikiliyya, kuma shi kudu ya sa a sama, arewa a ƙasa. Da za mu rataye irin tasa a bango, da Ibadan ce a sama, Kano a ƙasa. A nan gida kuma, lokacin da Bature Kilafaton ya isa Sakkwato a 1824, ya samu taswirar garuruwa da koguna daga wajen Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, har aka buga ta a Landan a 1826. Duk da bambancin da ke tsakanin irin waɗannan taswirori, abu biyu ne ya sa suke da amfani. Na farko, abin da aka zana yana nan inda yake. Dutsen Dala ba ya tashi da dare ya koma Zariya. Na biyu, mutum na biyu zai iya ɗaukar takardar ya je ya gani da idonsa, ya dawo ya ce an yi daidai ko an yi kuskure.

Gaskiya ne taswirar farke ma tana canzawa. Wanda ya baro Gumel a 1985 ɗan jihar Kano ne ya fito, amma tun 1991 ɗan Jigawa ne. Haka Katsina ta fita daga Kaduna a 1987, Zamfara ta fita daga Sakkwato a 1996. Sai dai wannan canji ne da aka yi shi a bainar jama'a, aka sanar a rediyo, kowa ya ji. Garin barci kuwa yana canzawa cikin dare ɗaya, babu sanarwa, kuma babu mutum na biyu da zai je ya duba. Ko matarka da take kwance a gefenka ba ta iya leƙa shi.

Duk da haka, mu ƙaddara za mu gwada. Dabarar da zan kawo ba a littafi na samo ta ba, kuma ban ce kowa ya je ya yi ba. Misali ne na kafa don mu ga inda tunani zai kai mu. Kayan aikin su ne littafi irin na rubuta bashi a shago, da biro shuɗi da ja, da takarda mai shara-shara wadda haske yake ratsawa.

Sharaɗi na farko, a rubuta da zarar an sallame Asuba, kafin gaisuwa da hayaniyar gari su wanke abin da aka gani, domin mafarki kamar raɓa yake, rana na fitowa ya tafi. A gefen dama na shafi a rubuta wurin da aka je. A gefen hagu a rubuta kwanan wata, da abin da aka ci da dare, da lafiyar jiki, da bashin da ake bin mutum ko yake bi, da labarin da ya ji a wunin. Kamar dai yadda ɗan kasuwa yake ajiye shafin shiga da shafin fita suna kallon juna.

Na biyu, a nemi turaku. Masu awon fili suna kafa siminti a kusurwa, daga nan suke auna komai. Mai mafarki ma zai lura akwai abu biyu ko uku da kusan kullum suna nan: ƙofar zaure, ko tsamiyar bakin hanya, ko dakalin da mahaifinsa yake zama. Su ne turakunsa. Duk sauran abubuwa daga gare su zai auna.

Na uku, ba a auna nisa da ƙafa ko mil. A garin barci mutum yakan yi taku ɗaya daga Bodija ya faɗa Kasuwar Kurmi, sannan ya kwana yana tafiya bai ƙetare tsakar gida ba. Saboda haka ma'aunin shi ne nauyin ƙafa. Wurin da ka isa ba wahala, zana shi kusa. Wurin da kake ta nufa ƙafa tana nutsewa kamar cikin taɓo, zana shi can bakin takarda.

Na huɗu, mutane. Wanda yake raye a sa masa ɗigon shuɗi, wanda ya riga mu gidan gaskiya a sa masa ja, tun da a can duk tare suke zaune, ba a bambanta su.

Na biyar, kowace shekara sabuwar takarda. In shekara ta zagayo, a ɗora ta bana a kan ta bara, a daidaita turakun, a ɗaga su a gaban fitila. Nan ne za a ga abin da ya gusa da abin da ya tsaya.

Akwai kuma sharuɗɗa biyu da addini ya gindaya, ba ni ba. Ba a ƙari ko ɗigo ɗaya, domin ƙirƙirar mafarkin da ba a yi ba babban laifi ne, hadisi ya zo da cewa mai yin haka za a ɗora masa ƙulla ƙwayar sha'ir biyu ranar ƙiyama, kuma ba zai iya ba. Sannan mummunan mafarki ba ya shiga littafin. Abin da aka koya mana shi ne mutum ya yi tofi sau uku ta hagunsa, ya nemi tsarin Allah, ya juya kwanciya, kada ya ba kowa labari. Wurinsa a taswira sai a bar shi fari.

Yanzu mu ɗauki mutuminmu na Gumel, wanda ya sauka a nan a 1985 yana ɗan shekara ashirin, yana ɗaure huhun goro a gidan maigidansa. A ce ya bi wannan tsari shekara arba'in. Me zai gani in ya ɗaga takardun nan arba'in a gaban fitila?

A takardun farko garin cif yake kamar ranar da ya bar shi, har da kuɗin da ake kashewa. Yana sayen ƙosai da takardar naira ɗaya. Bayan shekara goma sai ya ga wani titi mai kwalta da hawa da gangara ya shigo ta bayan gidan ubansa, alhali Gumel ba ta da irin wannan tudu. Titin Mokola ne ya bi shi. Mai tallan fura ta fara mayar masa da magana da Yarbanci. A shekarar da mahaifiyarsa ta rasu bai samu zuwa jana'iza ba, ɗakinta ya tashi daga tsakiyar takarda ya koma can baki, kullum yana nufarsa ba ya isa. A shekarar da kaya suka lalace masa a hanya bashi ya hau shi, lungunan garin suka ƙuntata, ƙofofi suka ƙi buɗuwa. Da ya biya bashin, suka buɗe. A daren da zazzaɓin cizon sauro ya kama shi, bango yana narkewa. Ɗigon ja kuma kowace shekara ƙaruwa yake, har ya zamana a takarda ta arba'in ja ya rinjayi shuɗi. Yawancin waɗanda yake gaisawa da su a garin nan suna maƙabarta.

In ya dubi shafin dama ya dubi na hagu, zai ga tare suke tafiya. Duk inda garin ya motsa, akwai abin da ya motsa a rayuwarsa. Ita kuwa Gumel ta gaske tana can tana harkarta, ana gina sababbin unguwanni, ana haihuwa, ana naɗa masu unguwa, babu ko ɗaya da ya bayyana a takardarsa. Ashe shekara arba'in ɗin nan zuciyarsa yake ta zanawa, ta ari sunan garinsu ta ari fuskokin danginsa. Wannan shi ne abin da nake so mu riƙe: taswirar garin barci hoton mai barcin ce. Tana da gaskiya a kan shi kansa. A kan sauran mutane kuwa ba ta da shaidar komai.

Na san a nan ɗalibi zai ɗaga hannu ya ce, Malam, to mafarkin gaskiya fa? Ai Annabi Yusufu, amincin Allah ya tabbata a gare shi, ya ga taurari 11 da rana da wata, kuma abin ya tabbata. Sarkin Masar ya ga shanu 7 masu ƙiba da 7 ramammu, aka yi shekarun yalwa aka yi na fari. Kuma hadisi ya inganta cewa mafarkin ƙwarai yanki ɗaya ne daga yanki 46 na annabci.

Haka ne, babu musu, kuma wanda ya ƙaryata wannan ya ƙaryata abin da ya tabbata. Amma hadisin da ya zo ta hanyar Abu Huraira, Allah ya ƙara masa yarda, ya kasa mafarki gida uku: akwai bushara daga Allah, akwai tsoratarwa daga Shaiɗan, akwai kuma zancen zuci, wato abin da mutum ya wuni yana saƙawa sai ya kwana da shi. Matsalarmu ita ce kowa yana ɗaukar nasa a kashi na farko. Amfanin dabarar nan tamu, ko da a tunani ne kawai, shi ne ta nuna mana yawan kashi na uku. Duk abin da yake motsi tare da cikinka da aljihunka da fushinka, ka san daga ina ya fito.

Sannan mu duba yadda aka yi da mafarkin gaskiyar ma. Fadawan sarkin Masar da kansu sun kasa fassara shi, sai da aka nemo wanda Allah ya ba sani. Mafarkin Annabi Yusufu tun yana yaro ya gan shi, bai tabbata ba sai bayan rijiya da bauta da kurkuku, shekaru masu yawa. Mahaifinsa kuma ya hana shi faɗa wa 'yan'uwansa. Aikin da aka gina a kan mafarkin sarki shi ne tara hatsi a rumbu, abin da bai cuci kowa ba. Ko kiran salla da muke ji sau biyar a rana, sahabi Abdullahi ɗan Zaidu a mafarki ya ga lafuzzansa, amma bai zama shari'a ba sai da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya tabbatar da shi. Shi ya sa malamai suka tafi a kan cewa ba a gina hukunci a kan mafarkin wanda ba annabi ba. Alƙali ba ya karɓar shaidar mai barci.

Akwai kuma masu cewa ai an riga an zana taswirar, ga littattafan fassarar mafarki nan ana sayarwa a bakin masallaci, maciji kaza ne, ruwa kaza ne, faɗuwar haƙori kaza ne. Yawanci ana jingina su ga Muhammadu ɗan Sirina, malamin Basra da ya rasu a shekara ta 110 bayan hijira, wanda shi ma ɗan kasuwa ne mai sayar da tufafi. Malamai da dama suna shakkar cewa shi ya rubuta littafin da ke yawo da sunansa. Kuma abin da aka ruwaito daga gare shi ma ya saɓa wa irin wannan jeri. An ce mutum biyu suka zo masa, kowanne ya ga kansa yana kiran salla. Ya ce wa ɗaya zai yi aikin hajji, ya fassara wa ɗayan da sata, saboda ya dubi halin kowannensu. Kun ga ke nan, alama ɗaya, mutum biyu, ma'ana biyu. Taswirar garin wani ba ta kai ka gida a garinka.

To ina abin yake shafarmu? Wuri uku na gani, kuma duk wanda ya daɗe a unguwar nan ya ga irinsu.

Na farko shi ne zargi. Yaro yana zazzaɓi ya farka yana kiran sunan wata tsohuwa maƙwabciya, kafin azahar an ce mayya ce. Mace ta ga kishiyarta tana binne wani abu a bakin murhu cikin barci, da safe ta daina cin abincinta. Mutum ya ga abokin cinikinsa yana bin sa da wuƙa, sati bai zagayo ba ya ce a raba jari. A dubi wannan da idon taswirarmu. Garin da yake ɗauke rijiya daga gabas ya kai ta yamma, ya zaunar da matattu tare da rayayyu, ya sa Bagumele yin Yarbanci, shi ne za mu yarda da shi in ya nuna mana fuskar maƙwabciya? Fuskar aro ce. Abin da mafarkin ya tona shi ne tsoro ko ƙullin da yake zuciyar mai barcin tun kafin ya kwanta. Ita baiwar Allah tana ɗakinta tana barcinta, ba ta san an gayyato ta ba. Hausawa suka ce zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya, balle zaton da aka ɗebo daga barci. Tsohuwar da aka laƙaba wa maita a baƙon gari, ba dangi kusa, ba mai tsaya mata, wa zai sake sayen ƙosanta? Wa zai auri jikarta? Wannan haƙƙi ne da za a tsaya a kansa gaban Allah, kuma ranar ba za a karɓi uzurin cewa a mafarki na gani ba.

Haka nan bayan tashin hankalin kasuwar Shasha na watan Fabrairun 2021, duk wanda ya ga wuta da idonsa ko ya yi asarar rumfa ba abin mamaki ba ne ya daɗe yana ganin gobara da gudu cikin barci. Wannan ciwo ne da yake buƙatar addu'a da lallashi, wani lokaci har da ganin likita. Amma kada a mayar da shi labarin abin da zai faru gobe, a riƙa yaɗawa a waya cewa an nuna wa wane za a sake. Irin wannan magana a zaman da muke yi da maƙwabtanmu Yarbawa tana iya kunna wutar da mafarkin bai kunna ba.

Na biyu shi ne dukiya. Akwai masu zaman jiran mai mafarki kamar yadda ungulu take jiran mushe. Ka kawo musu abin da ka gani, su ce akwai hannu a ciki, a kawo baƙin bunsuru da kuɗi kaza. Wata na zagayowa ka sake wani mafarkin, tun da garin ba ya daina motsi, su kuma su sake yanka maka wani farashin. Ciniki ne da ba ya ƙarewa. Ga kuma samarinmu da suka koyi juya mafarki ya zama lamba su kai gidan caca. Kuɗin da aka yi dako aka samu, ko aka wuni kan babur cikin rana, ya tafi a kan lissafin da aka ɗora bisa hayaƙi. Caca haramun ce ko da lambar ta ci.

Na uku ya fi su ɓoyuwa, kuma shi ya fi shafar mu manya. Shi ne mutum ya tare a garin barci da zuciyarsa, gangar jikinsa kawai take Sabo. Unguwar nan tun 1916 aka kafa ta, ta haura shekara ɗari, akwai gidajen da kaka da kakan kaka duk a nan aka binne su. Amma har yau za ka ji dattijo yana cewa ai mu nan zaman wucin gadi muke, baɗi in Allah ya yarda za mu koma gida. Saboda wannan baɗin bai gyara takardun gidansa ba, bai damu da makarantar yaransa ba, in an kira taron gyaran kwata ko rijiyar burtsatse ya ce ba ruwansa. Wane gida zai koma? Wanda yake gani da dare, mai tsamiya da dakali da mahaifinsa a kai.

Mutanen kogo da Alƙur'ani ya ba mu labarinsu sun yi barcin shekara 309, suka farka suna zaton wuni ɗaya ne ko wani yanki nasa. Suka aiki ɗayansu cikin gari da kuɗin azurfarsu ya sayo abinci, ashe gari ya zama wani gari. Su Allah ne ya yi su aya. Mu kuwa sau da yawa haka muke komawa Arewa da tsohon kuɗi a aljihun zuciya. Mutum ya sauka a tasha ya tarar an sare tsamiyar, an raba gidan gado an sa bulo a tsakiya, yaran da suke wasa a ƙofa suna tambayarsa wa yake nema. Wanda ya san Kano da dalar gyada ya je yanzu ya ga gadar sama a Ƙofar Nasarawa. Takardar naira ɗayan da yake sayen ƙosai da ita a mafarki tun 1991 aka mayar da ita ƙarfe. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Sai ya dawo nan da ɓacin rai yana cewa mutanen gida sun canza, alhali ba su yi masa laifin komai ba, rayuwa kawai suka ci gaba da yi.

Kada a fahimce ni a karkace. Ban ce a manta da gida ba, Allah ya kiyaye. Cewa nake ziyarar barci ba ta sauke nauyin zumunci. Mutum yana ganin gwaggonsa duk mako a mafarki, sai zuciyarsa ta riƙa ji kamar suna tare, alhali shekara shida bai taka ƙofarta ba, ko kira bai yi ba, kuma ga waya a aljihu. Ranar da za a aiko ta rasu, sai ɗigonta ya tashi daga shuɗi ya koma ja, ta ci gaba da zama a inda take a takardarsa kamar babu abin da ya faru. Shi bai rasa ta a mafarki ba, ita ce ta rasa shi a farke, lokacin da take buƙatar kuɗin magani da mai riƙe mata hannu. Zumunta a ƙafa take. Ɗigon shuɗin nan da suka rage su ne abin gaggawa. Masu ja kuwa addu'a suke jira, da sadaka, da biyan bashin da suka bari.

Sai kuma 'ya'yanmu. Yaron da aka haifa a Sabo, in ya tafi karatu Zariya ko neman kuɗi Legas, garin da yake zuwa cikin barci Sabo ce. Turakunsa su ne masallacin unguwarmu, da mai suya na bakin titi, da hawan Mokola. Kada uba ya ji haushi don ɗansa ba ya kewar garin da sau biyu kawai ya taɓa gani da salla. A kai shi ya san danginsa, a koya masa Hausa mai kyau da karatun addini, wannan wajibi ne. Amma a sani cewa lungun nan da muke zubar da shara a cikinsa muna cewa ba garinmu ba ne, shi ne lungun da zai riƙa gani har tsufansa. Yadda muka bar masa shi, haka zai ɗauke shi. In muna so garin barcin 'ya'yanmu ya yi kyau, a farke za mu share shi.

To, a ƙarshe, a zana taswirar ko kada a zana? Ni dai ban ga buƙatar sayen takarda ba. Ya isa mutum in ya farka da wani abu mai nauyi a ransa ya yi wa kansa tambaya uku kafin ya buɗe baki. Me na kwanta da shi jiya? Abin da nake shirin yi saboda mafarkin nan, in ya zamana zancen zuci ne kawai, wa zai cutu? Kuma da ban yi mafarkin ba, shari'a da hankali za su yarda in yi shi? In abin da mafarki ya tura ka gare shi alheri ne da dama can ana son sa, kamar kiran mahaifiya, ko biyan bashi, ko neman gafarar wanda ka ɓata wa, ko tashi sallar dare, to bismillah, ka yi, ko da tuwon dare ne ya jawo shi ba ka yi asara ba. In kuwa zai kai ka ga zargi, ko saki, ko yanke zumunci, ko miƙa kuɗi ga boka, to ka tsaya nan. Ka nemi tsari, ka yi shiru, ka fita kasuwa. Mai kyau kuma in ka gani, ka gode wa Allah, ka faɗa wa wanda kake ƙauna kawai.

Barci ƙanin mutuwa ne, in ji magabata. Kowane dare ana karɓar rayukanmu, da safe a mayar wa wanda kwanansa bai ƙare ba. Mai barci an ɗauke masa alƙalami har ya farka, ba a rubuta masa abin da ya gani ko ya aikata a can. Da ya buɗe ido alƙalami ya ci gaba, kuma abin da ya yi da harshensa da hannunsa a kan maƙwabci da iyali shi za a tambaye shi.

Allah ya nuna mana alheri a barcinmu da farkenmu, ya tsare mu daga zaluntar bayinsa da zato. Allah ya jiƙan iyayenmu da suke kwance a Arewa da waɗanda suke kwance a nan, ya zaunar da unguwarmu lafiya da maƙwabtanta, ya yi wa kasuwanninmu albarka. Amin.